Ayube Ramjohn, Mutumin da Ya Fita da Ƙafarsa

Mu na Allah ne, kuma wurinsa kowa zai koma, da wanda ya shirya da wanda bai shirya ba. A ranar Alhamis, 9 ga Oktoba, 2025, jim kaɗan bayan la'asar, Allah Ya karɓi ran Ayube Ramjohn a gidansa da ke ƙauyen Lamba Sittin da Tara, yana da shekara saba'in da huɗu. Ɗansa Fazal ne ya kira ni ya faɗa mini. Ina bayan gida a lokacin ina kafa wa wake sanduna. Sau biyu na tambaye shi ko ya tabbata, domin ni mutum ne da ba ya karɓar magana a karon farko, ko da ta mutuwa ce. Washegari bayan an sauko daga Juma'a muka kai shi makwancinsa.

Ayube, jana'izarka ta tara jama'a. Ka san halina, ban iya shiga taro ban bi fuskoki da kallo ba. Na ga dattawan kwamitin kurket, wasanmu na ƙwallo da sanda, sun zo cikin kwat ɗinsu mai tambari a aljihu, ɗaya har da takardar jawabi a naɗe, yana neman wanda zai ba shi dama. Na ga mutumin da ya fasa tagar ɗakin mahaifiyarka da kwalba yana ture yara don ya samu ya kama makara. Na ga wasu da suka yi shekaru suna sauya hanya in sun hango ka, suna share hawaye da hankici. Ban ce kukansu na ƙarya ba ne. Na dai san su, kuma na san inda kowannensu ya tsaya a ranar da kake neman mutum ɗaya ya tsaya kusa da kai.

Amma ba don in tona musu asiri na ɗauki alƙalami ba. Ni ne Nizam Karamat, wanda duk yankin Corentyne ke kira amininka, kuma a cikin waɗanda suka watsa ƙasa a kabarinka babu wanda ya cuce ka kamar ni. Sunanka ya ɓaci shekara arba'in da tara da suka wuce saboda wata magana da ta fito daga bakina, kuma har ka mutu ban gyara ta ba.

Kakar 1976 ce, shekarar da gwamnati ta karɓe gonakin rake. Matasan yanzu ba za su gane abin da kofin gundumomi yake nufi a wurinmu ba. Wasan kurket ne na kwana huɗu, na ajin farko, kuma a cikinsa masu zaɓe ke tsintar waɗanda za a sa wa hula su buga wa ƙasa. Mutanen gundumar Demerara suna da birni, suna da filaye masu laushi, masu zaɓen ma maƙwabtansu ne. Mu mutanen Berbice rake muke da shi da shinkafa da ciwon zuciya. Sau nawa muka haye kogi a jirgin fito da ganguna, muka dawo kowa ya sunkuyar da kai yana kallon ruwa. A wannan shekarar kuwa wasan ƙarshe da Demerara a filinmu za a yi shi, kuma muna da kai.

Ba ka da tsawo, ba ka da faɗin ƙirji, amma Allah Ya ba ka wuyan hannu. Ƙwallon da wani zai tare da ƙyar, kai sai ka jinkirta har ta kusa wuce ka, sannan ka ɗan karkata sanda ta tafi bakin iyaka. Tun farkon kakar babu wanda ya fitar da kai ƙasa da maki arba'in. Masu saran rake sukan bar aiki da hantsi, a yanke musu kuɗin yini, don su zo su gan ka. Ni kuwa majefi ne. Sanda ba aikina ba ce, ni ake turawa na ƙarshe in kowa ya faɗi.

Haka aka yi a rana ta huɗu, bayan hutun abincin rana. Mutum tara sun fita, muna neman maki sittin da ɗaya, na fito da sanda a hannu. Ka tarye ni a tsakiyar fili.

“Nizam, ba na son ka ci ko maki ɗaya,” ka ce. “Ka dai sa jikinka a gaban turakun nan, ka bar mini sauran.”

“Jikin nawa na haya ne?”

“In ya lalace na saya maka sabo a kasuwar Rose Hall. Akwai mai arha.”

Na yi abin da ka ce, don in ƙwallo ta doki turakun ukun da ke bayana na fita, wasa ya ƙare. Majefinsu wani dogon ɗan sanda ne daga Buxton, ya gane ba zan iya dukan komai ba, sai ya bar neman turaku ya koma neman ƙirjina. Awa ɗaya da minti goma na tsaya. Haƙarƙarina biyu suka tsage, daga baya likita ya nuna mini a hoto. Kai kuwa kana ta tsintar maki, huɗu nan, biyu can, kana satar gudu ɗaya a ƙarshen kowane zagayen jifa don a ci gaba da jefo maka, ka rage mini duka. Har ya zama saura maki huɗu mu ɗauki kofi. Mutane sun cika rumfa, sun hau bishiyoyi, sun hau rufin motocin rake, ana dukan duro ana busa. Amma da majefin ya fara gudu sai filin ya yi tsit, har ina jin injin casar shinkafa daga ƙetaren titi.

Ƙwallon ta zo ta gefen waje, ka miƙa sanda, ta wuce, mai tsaron bayansu ya cafe. Shi kaɗai ya yi ihun neman hukunci, sauran ko hannu ba su ɗaga ba. Alƙalin wasa, tsoho Mista Pilgrim, yana tsaye kusa da ni, ya girgiza kai, hannayensa na goye a baya. Doka a fili take. In ƙwallo ta taɓa sanda aka cafe ta kafin ta faɗi ƙasa, mai duka ya fita, amma sai alƙali ya ɗaga yatsa, in bai ɗaga ba kana nan. Sai dai akwai tsohuwar al'adar nan da malamanmu suka dinga cusa mana tun muna buga ƙwallo da reshen kwakwa, cewa wanda ya san ya taɓa ya fita da ƙafarsa, kada ya jira a kore shi. Kowa na yabon al'adar da baki. Ban taɓa ganin wanda ya bi ta ana saura maki huɗu a ci kofi ba. Ka ɗago ka dube ni sau ɗaya, ka soke sanda a hammata, ka nufi ɗakin 'yan wasa.

Ayube, na ji ƙarar. Siririya ce, kamar an karya tsinken ashana, amma na ji ta sarai. Kunnen Mista Pilgrim ya tsufa, nawa kuwa shekararsa ashirin da uku. Na san ta taɓa tun kafin mai tsaron bayan ya buɗe baki, kuma da na ga alƙali ya girgiza kai sai da na gode wa Allah a zuciyata.

A bakin ƙofar ɗakin 'yan wasa wani ɗan jarida ya tare ni, ina dafe da haƙarƙari, kwalabe na sauka a kan kwanon rufi. Ya ce ni ne mafi kusa, na ji ta taɓa? Zuciyata na tafasa, ina tunanin awa guda da na sha duka, ina tunanin masu zaɓe da ba sa waiwayar wanda ya faɗi. Na ce masa, “Ni ban ji komai ba. Ku je ku tambaye shi dalilinsa.” Washegari maganar ta fito da manyan baƙaƙe.

Dalilin kuwa ba a sha wahalar nemo shi ba. Mai tsaron bayan da ya cafe ƙwallon, Rasheed, wan Zabeeda ne, yarinyar da aka sa muku rana da ita. Kafin sati ya zagayo, daga New Amsterdam har Crabwood Creek babu inda ba a cewa Ayube ya biya sadaki da kofin Berbice. Rasheed ya yi ta rantsuwa cewa ta taɓa, amma wa zai saurari suruki? Alƙali ya ce ba ta taɓa ba. Shaida ɗaya ya rage da mutanenmu za su yarda da shi, shi ne ɗan gida da ya tsaya a fili har ƙashinsa ya tsage, kuma ya riga ya faɗi tasa. Ba a sake kiranka wasan gunduma ba. Babu wanda ya rubuto maka takardar kora, sunanka ne kawai ya daina fitowa a jeri. Ni aka kira gwaji Georgetown, na yi jifa kwana biyu, aka ba ni kuɗin mota aka ce za a neme ni. Har yau ba a neme ni ba.

Zabeeda ta sha nata. Ta zo ƙauyenmu amarya, baƙuwa, ta shiga kasuwa a makonta na farko, wata mai kifi ta ɗaga murya ta ce, “Ku matsa, ga kofinmu ya zo cefane.” Ta tsaya ta dubi matar ta ce, “To ku ɗauke ni ku zaga gari da ni mana, kun samu abin da kuka daɗe kuna nema. Nawa ne kifin?” An yi dariya, amma sunan ya bi ta. 'Ya'yanku sun tashi ana kiransu 'ya'yan kofi a makaranta, Fazal ya sha dawowa gida da yagaggiyar riga.

Tun daga ranar da jaridar ta fito na fara jiranka. Na tabbata ka san na ji. Kallon nan da ka yi mini kafin ka juya, na fassara shi cewa kana nufin, kai ma ka ji ai. Saboda haka da na hango ka tafe gidanmu bayan kwana biyar, sai na gyara zama na shirya amsoshina. Ka zo da kwalbar man kwakwa da mahaifiyarka ta dafa da ganye, ka ce a dinga shafa mini a haƙarƙari safe da yamma. Ka tambayi jikina, ka sha ruwa, ka tafi. Ko sunan wasan ba ka ambata ba. Na ce a raina, wannan ba ya son yin ta mu biyu, shaidu yake jira.

Haka na dinga karanta duk wani alherinka. Ranar ɗaurin aurenka ka sa ni a motar gaba, na ce so kake mutane su ga ina cin abincinka. Ka koma noman shinkafa, Allah Ya buɗa maka ka sayi tarakta, duk damina sai ka huɗe gonata kafin taka, na ce kana tara mini kunya ne don ranar da za ka sauke ta ta yi nauyi. Duk Babbar Sallah cinyar sanka gidana take zuwa. Wata shekara ina jujjuya ta a kan tebur, marigayiya matata Saffiran ta ce, “Malam, mutum ya aiko maka da nama kana leƙa shi kamar da wasiƙa a ciki. In ba ka ci, ba ni wuƙa.” Ita ma ba ta sani ba. Shekara talatin da ɗaya muna tare ban faɗa mata ba, don ina tsoron kada wata rana mu saɓa ta kai wa Zabeeda.

Ba ni kaɗai ka yi wa alheri ba, ko da yake a lokacin ban lura ba, idona yana kan nawa kawai. Kai ka riƙe filin ƙauye shekara talatin ba albashi, kana yayyafa ruwa, kana jan abin daddaɓe ƙasa har wurin duka ya yi sheƙi. Sandar da ta tsage aka kawo maka, sai ka ɗaure ta da zare da danƙo ta sake shekara biyu. Lokacin da ladaninmu ya tafi Toronto wurin 'ya'yansa, kai ka karɓi kiran salla na wucin gadi, wucin gadin ya kai shekara goma sha tara. Gwauruwar nan Miss Ivy, wadda ba addininku ɗaya ba, ba danginku ɗaya ba, kai ke sare mata ciyawa, ka gyara mata matakala. Mutanen da suka ce ka sayar da su sun ci shinkafarka a shekarun da babu fulawa a kanti, suka koma gida suka ci gaba da faɗin abin da suke faɗi.

Akwai ranar da na ce yau ce. Shekara ashirin da biyar da wasan, wani gidan rediyo ya tara mu tsofaffin 'yan wasa, aka zaunar da ni kusa da kai. Mai gabatarwa yaro ne mai son suna, bai daɗe ba ya jefo tambayar. Ya ce ga abokinka nan ya ce bai ji komai ba, me za ka ce? Sai ka ce, “Nizam ya faɗi abin da ya sani, ni ma na yi abin da na sani a lokacin. Mu yi maganar yaran da ke tasowa.” Wata guda na yi ina juya wannan magana. Me ya sa ka ce abin da ya sani, ba ka ce abin da ya ji ba? Me ya sa ka ƙara a lokacin? Na yanke cewa gargaɗi ne ka aiko mini ta rediyo, kowa na ji amma ni kaɗai zan gane.

Ambaliyar 2006 ta same ni da shanu goma sha ɗaya a bayan gari, ruwa har ƙirjinsu. Da asuba na ji ƙarar taraktarka a ƙofar gida, ban aika a kira ka ba. Yini guda muka yi muna janye su zuwa kan tudun madatsa, taka gonar kuwa tana nutsewa. Da Saffiran ta kwanta ciwon ajali, kai ka kai mu Georgetown sau bakwai, ka ba da jini sau biyu kana da shekara sittin. Zabeeda ce ta yi mata wanka. Kwana arba'in abincin gidana daga gidanku yake zuwa, gurasar roti da miyar wake, ranar Lahadi dafa-duka da kifi. Ina ci ina kuka, kuma ina tambayar kaina abin da kake so da ni. Na tsane ka a wasu ranakun, Ayube. Da ka zo ka shaƙe ni tun a makon farko da na huta.

Ranar Talata, kwana biyu kafin rasuwarka, Fazal ya zo da mota ya ce kana nemana. Ya iso daga New York a daren Lahadi, da likitoci suka ce a mayar da kai gida. Na tarar da kai a ƙarƙashin gidanka da aka gina kan ginshiƙai, kwance cikin ragar lilo, ka rame har zoben azurfarka yana yawo a yatsa. Zabeeda ta kawo mini shayi ta koma sama. Fazal ya zauna a kan matakala, waya a hannunsa. Muka taɓa hirar farashin shinkafa da ciwon gwiwa. Sai ka ce in matso da kujera.

“Nizam, gafararka nake nema a kan kofin nan.”

“Wane kofi kuma, ana zaune ƙalau?”

“Ka bar ni in faɗa, numfashin ba yawa. Ka tsaya awa guda ana jifanka saboda na ce ka tsaya, na zubar da wahalarka a banza. A ranar, da an ba ni Alƙur'ani da na rantse ta taɓa, don na ji ta a tafin hannuna. Da na dube ka so nake in ba ka haƙuri, bakina ya ƙi buɗuwa. Amma da na ga abin da ka ce a jarida, sai na ɗauko sandar na duba. Mariƙinta ya ɗan saki, in ka kaɗa ta da ƙarfi tana ƙara. Ita na ji. Rasheed kuwa ka san shi, Allah Ya jiƙansa, ko inuwar tsuntsu ce ta gifta ihu yake yi. Kai ne kusa, kuma kai ba ka ƙarya. Na yi wa gunduma asarar kofi, na jawo wa Zabeeda abin da ta sha, duk a kan mariƙin sanda.”

Ka san abin da na yi? Wayar Fazal na kalla. Na ce a raina, to ga shi nan, tarkon shekara arba'in da tara yau ya tashi. An kira ɗa daga Amurka, an ba shi waya ya naɗi murya, an kwanta a raga ana magana a hankali don tausayi ya kama ni in saki baki. Mutum yana mutuwa a gabana, ni kuwa ina lissafin yadda zan kuɓuta. Na ajiye kofin shayin a ƙasa na ce, “Ya wuce, Ayube. Na yafe maka.”

Ka lumshe ido, ka saki wani dogon numfashi, ka ce Alhamdulillahi. Ka kira Zabeeda ka ce ta dama maka ɗan kunu, yau kana jin yunwa. A mota, Fazal yana mayar da ni gida, ya ce, “Baffa, ka yi haƙuri ban sa baki a hirarku ba, 'yar uwata Shameeza ce ke ta aiko mini saƙo, jirginta ya makale a Trinidad.” A nan na gane ba muryata yake naɗa ba. Na ce zan koma ranar Juma'a bayan masallaci in faɗa maka komai. Na zaɓi Juma'a ne don na ji Fazal zai tafi filin jirgi a ranar, kuma ko a lokacin ban so a ce da shaida ba. Ranar Juma'ar na koma gidanka, amma makara na je ɗauka.

A rana ta uku, bayan an sauke karatu mutane sun watse, na tarar da Zabeeda ita kaɗai a kicin tana harhaɗa tukwane. Bauji nake kiranta, yadda muke kiran matar wa, don ka girme ni da shekara biyu. Ita ta fara magana. Ta ce ta gode mini, tun ranar Talata hankalinka ya kwanta. Ta ce sau da yawa an roƙe ka ka yi alƙalancin wasa, ko na 'yan makaranta, ka ƙi, ka ce mutumin da bai iya bambance ƙarar ƙwallo da ta mariƙi ba bai kamata ya ɗaga wa kowa yatsa ba. Ta ce sandar ma ƙona ta ka yi a murhu tun kafin a haifi Fazal.

Na ce, “Bauji, ta taɓa. Na ji ta.”

Ba ta juyo ba. Ta gama goge tukunyar da ke hannunta, ta kife ta, ta goge hannu da zaninta.

“Tun yaushe ka sani?”

“Tun a fili.”

“Kuma ka ce ka yafe masa.” Ba ta yi kuka ba, ba ta ɗaga murya ba. “Ba ni za ka faɗa wa a kicin ba, Nizam. A jarida ka faɗi waccan, a jarida za ka faɗi wannan. Kada ka sake hawo mini matakala sai na gan ta a buge da idona.”

To ga ta nan, Bauji. Mutanen Berbice, waɗanda suka ga wasan da waɗanda suka gaji labarin daga iyayensu, ku ji daga bakin wanda ya fi kowa kusa. Ƙwallon ta taɓa sandar Ayube Ramjohn, na ji da kunnena, na ce ban ji ba don fushi da son kai. Bai sayar da ku ba, bai biya sadaki da kofinku ba, kuskure ma bai yi ba. Ya fita ne don ƙwallon ta taɓa, kuma a ranar shi kaɗai ne a filin nan ya yi abin da aka koya mana. Na san wasu za su ce tsoho ne ke neman suna da gawar abokinsa, ko iyalin ne suka matsa masa. Da ni ne nake karantawa haka zan zata, saboda haka ba zan ga laifinku ba. Ina gidana, ƙofa a buɗe, duk mai so ya zo da Alƙur'ani.

Ina miƙa ta'aziyyata ga matarsa Zabeeda, da 'ya'yansa Fazal da Shameeza, da jikokinsa biyar, da ƙanwarsa Hafeeza da ke Skeldon, da iyalin marigayi Rasheed, wanda ya mutu ana kiransa maƙaryaci alhali gaskiya ya faɗa, da jama'ar masallacin Lamba Sittin da Tara. Allah Ya ba ku haƙurin rashinsa, Ya albarkaci abin da ya bari. Ban ce ku yafe mini ba, wannan ya rage gare ku, kuma in kun ƙi ba ku zalunce ni ba.

Ya Allah, Ka jiƙan bawanka Ayube. Ka yalwata masa kabarinsa, Ka haskaka shi, Ka sanya kiran sallar da ya yi da shinkafar da ya ciyar da jinin da ya bayar a mizaninsa. Ka gafarta masa kurakuransa na gaske, Ka saka masa da alheri a kan wanda ya ɗauka ba nasa ba. Ka haɗa shi da iyayensa a Aljanna Firdausi. Kuma ya Ubangiji, abin da na hana shi sani ranar Talata, Kai Ka sanar da shi a inda yake, cewa hannunsa bai yaudare shi ba. Amin.